Daga Motar Majigi zuwa Kara-Kara

Kafin talabijin ta shigo Arewa, motar majigi ce ke kai fim ƙauye. Bayan isha'i a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada, a tada inji, mai sharhi ya kama lasifika. Sashen fim da Ingila ta kafa a 1939 ƙarƙashin William Sellers, tsohon jami'in lafiya a Legas, ya ginu ne kan zaton cewa baƙar fata ba zai gane fim ba sai an rage masa sauri. Talaka ɗalibi ne kawai: a koya masa tsabta, a koya masa noma. Ko da gwamnatin Jihar Arewa ta gaji aikin, aka yi fina-finai irin su Baban Larai, ba a cika tambayarsa abin da ke ransa ba.

Daga Nijar sauyi ya faro. Jean Rouch, Bafaranshe, ya ɗauki 'yan ci-ranin Nijar masu dako a tashar jiragen ruwan Abijan a fim ɗinsa na 1958, Moi, un noir, ya bar ɗayansu, Oumarou Ganda, ya ba da labarin da bakinsa. Duk da haka Ousmane Sembène na Senegal ya zargi Rouch da kallon 'yan Afirka kamar ƙwari. Ganda kuwa ya karɓi kyamara da kansa, har ya zama na farko da ya lashe babbar kyautar bikin fina-finai na FESPACO a Wagadugu a 1972.

Magadansa sun shiga inda baƙo ba ya iya shiga. Sani Magori, ɗan Galmi, ya yi fim kan albasar garinsu a 2008: yadda farashinta ke ɗaura aure ko ɗage shi. A 2010 ya fito da Koukan Kourcia, aikin da sai ɗan gida. Mahaifinsa ya daɗe a Abijan bai dawo ba, kuma waƙoƙin wata zabiya, Hussey, na cikin abin da ya zuga samarin zamaninsu barin gida. Sai Magori ya lallashi tsohuwar, ya kai ta har Abijan ta yi waƙar da za ta kira su gida.

Aïcha Macky ta Damagaram ta fi kowa ƙarfin hali. A L'arbre sans fruit na 2016 ta sa kanta gaban kyamara, ta yi maganar rashin haihuwa da gorin da matan aure ke sha a kansa. A fim ɗinta na 2021 ta shiga Kara-Kara, unguwar Damagaram da a da aka ware wa kutare, ta zauna da samarin da gari ke tsoro, masu ɗaga ƙarfe da fasa-ƙwaurin fetur, ta saurare su ba tare da ta wanke su ba.

A Najeriya, irin wannan aiki ne Dutse Alhaji da ke gefen Abuja ke buƙata. Garin yana ƙaramar hukumar Bwari, ƙasar Gbagyi, mutanen da Hausawa ke kira Gwari, aka kuma daɗe ana mai da su abin barkwanci a wasan kwaikwayo. Dokar soja mai lamba 6 ta Fabrairun 1976 ta miƙa ƙasar Abuja gaba ɗaya ga gwamnatin tarayya. An kwashe mutanen Wuse zuwa Sabon Wuse a Jihar Neja, madatsar ruwan Usuma ta tashi wasu ƙauyuka, rusau na shekarun 2003 zuwa 2007 kuma ya turo dubban masu ƙaramin ƙarfi garuruwan gefe irin su Kubwa da Dutse. Yau a kasuwa ɗaya za a ga Bagwariya da doya a kafaɗa, da ɗan acaɓa daga Katsina, da ma'aikacin da hayar Maitama ta fi ƙarfinsa. Dattawan da suka san ƙauyukan kafin zuwan katafila suna raye, suna iya nuna inda gonakinsu da kaburburan iyayensu suke. 'Ya'yansu ba su da gwamna, sanatansu ɗaya ne, kuma sai a 2023 aka naɗa ɗan asalin yankin minista, wato Zephaniah Jisalo.