Yadda ƙasar Sin ta mamaye kasuwar motoci masu amfani da wutar lantarki

A shekara ta 2024 an sayar da motoci masu amfani da wutar lantarki fiye da miliyan 17 a duniya baki ɗaya, kuma sama da miliyan 11 daga cikinsu a ƙasar Sin aka saye su, kamar yadda alƙaluman Hukumar Makamashi ta Duniya suka nuna.

Hukumar ta ce fiye da kashi 70 cikin 100 na irin waɗannan motoci da aka ƙera a wannan shekara, daga masana'antun ƙasar ta Sin suka fito.

Shekaru 20 kafin wannan lokaci, ƙasar ba ta da wani suna a fagen ƙera motoci. Galibin motocin da ke zirga-zirga a titunanta na kamfanonin Jamus da Japan da Amurka ne, waɗanda ake harhaɗawa a cikin gida bisa haɗin gwiwa da kamfanonin gwamnati.

Masu lura da al'amuran tattalin arziki na danganta wannan sauyi da abubuwa uku: dogon shiri na gwamnati, da ƙwarewa wajen ƙera batura, da kuma zazzafar gasa tsakanin kamfanoni.

Waɗanne motoci ake nufi?

Hukumomin ƙasar Sin na kiran waɗannan motoci da sunan motoci masu amfani da sabon makamashi. Sunan ya haɗa da motar da batir kaɗai ke tuƙa ta, ba ta shan mai sam, da kuma mai haɗin gambiza, wadda ke da batir da ake cajinsa da wutar lantarki, sannan tana da injin fetur da ke kama aiki idan cajin ya ƙare. Alƙaluman da ƙasar ke fitarwa sukan haɗa nau'o'in biyu ne wuri guda.

Mafarin shirin

Dalilai uku ne suka ja hankalin mahukunta a birnin Beijing zuwa ga wannan fanni.

Na farko shi ne man fetur. Tun shekara ta 1993 man da ƙasar ke shigowa da shi ya zarce wanda take fitarwa, a shekara ta 2017 kuma ta sha gaban Amurka, ta zama ƙasar da ta fi kowace sayen ɗanyen mai daga waje. Yawancin man ta teku yake zuwa, abin da mahukuntan ke ɗauka a matsayin barazana ga tsaron ƙasa.

Na biyu shi ne gurɓatar iska a manyan birane, inda a wasu ranakun hunturu hayaƙi kan turnuƙe sararin samaniya har a rufe makarantu.

Na uku kuwa batu ne na masana'antu. Kamfanonin Turai da Amurka da Japan sun daɗe suna goge ƙwarewarsu a kan injin fetur, kamo su zai yi wuya. Amma a fannin motar lantarki ba wanda ya yi nisa tukuna.

Mutumin da aka fi dangantawa da wannan tunani shi ne Wan Gang, injiniyan da ya yi kimanin shekaru 10 yana aiki da kamfanin Audi a Jamus kafin ya koma gida. A shekara ta 2001 gwamnati ta sanya motocin lantarki cikin babban shirinta na binciken kimiyya da ake kira shirin 863, aka kuma ɗora shi a kan aikin. Daga baya ya riƙe muƙamin ministan kimiyya da fasaha daga shekara ta 2007 zuwa ta 2018.

Gwamnati ta samar da kasuwa

A farkon lamari motocin na da tsada, ba sa cin dogon zango, wuraren caji kuma sai an tona. Saboda haka gwamnati da kanta ta zama mai saye na farko.

A shekara ta 2009 aka ƙaddamar da shirin birane 10 motoci dubu, wanda ya tanadi tallafi ga hukumomin birane domin su sayi motocin safa da tasi masu aiki da lantarki. Daga baya shirin ya faɗaɗa zuwa birane 25. Ya zuwa ƙarshen shekara ta 2017 birnin Shenzhen ya mayar da ɗaukacin motocin safarsa, fiye da 16,000, masu amfani da lantarki.

A shekara ta 2010 aka fara ba wa ɗaiɗaikun mutane tallafi a birane biyar, wanda ya kai yuan dubu 60 a kan mota guda. A shekara ta 2014 kuma aka yafe musu harajin sayen mota na kashi 10 cikin 100.

Akwai kuma batun lambar mota. Domin rage cunkoso, a birnin Shanghai gwanjon lambobi ake yi, farashin lamba ɗaya kan kai kusan yuan dubu 90, a Beijing kuwa sai wanda ya ci ƙuri'a. Da aka sassauta wa masu sayen motar lantarki waɗannan sharuɗɗa, aka ware musu koriyar lamba, da yawa daga cikin mazauna birane sun ga babu hanyar mallakar mota da ta fi wannan sauƙi.

Sai dai tallafin bai rasa maciya amana ba. A shekara ta 2016 ma'aikatar kuɗi ta hukunta kamfanoni biyar masu ƙera motocin safa, bayan da aka same su da karɓar kuɗin tallafi ta hanyar zamba. Daga nan aka tsaurara sharuɗɗa, aka shiga rage tallafin sannu a hankali har aka dakatar da shi a ƙarshen shekara ta 2022. A madadinsa aka kafa dokar da ta tilasta wa manyan kamfanonin motoci su ƙera wani kaso na motocin lantarki, ko kuma su sayi maki daga waɗanda suka ƙera fiye da kasonsu.

Cibiyar nazarin manufofi ta CSIS da ke birnin Washington ta ƙiyasta cewa tsakanin shekara ta 2009 da ta 2023 gwamnatin Sin ta tallafa wa wannan fanni da abin da ya kai dala biliyan 230.

Muhimmancin batir

Batir shi ne ɓangare mafi tsada a jikin motar lantarki, kuma a nan ne ƙasar Sin ta fi yi wa sauran ƙasashe fintinkau.

A shekara ta 2015 gwamnati ta fitar da jerin sunayen kamfanonin baturan da ta amince da su, aka kuma ɗaure samun tallafi da amfani da kayansu. Manyan kamfanonin Koriya ta Kudu da Japan, irin su LG da Samsung da Panasonic, ba su shiga jerin ba. Kafin a soke tsarin a shekara ta 2019, kamfanonin cikin gida sun riga sun tsaya da ƙafafunsu.

Babba daga cikinsu shi ne CATL, wanda Zeng Yuqun ya kafa a shekara ta 2011 a garin Ningde na lardin Fujian. A shekara ta 2024 shi kaɗai ya samar da fiye da kashi ɗaya bisa uku na baturan motocin lantarki a duniya.

Na biyu shi ne BYD, wanda Wang Chuanfu ya kafa a Shenzhen a shekara ta 1995 domin ƙera baturan wayar salula. Ya shiga harkar motoci ne a shekara ta 2003, bayan da ya sayi wani ƙaramin kamfanin ƙera motoci. A shekara ta 2008 kamfanin attajirin nan na Amurka, Warren Buffett, ya sayi kusan kashi 10 cikin 100 na hannun jarinsa a kan dala miliyan 230. A shekara ta 2022 BYD ya daina ƙera motocin da ke amfani da fetur zalla.

Kamfanonin biyu sun mayar da hankali ga inganta wani nau'in batir da ake haɗawa da ma'adinin litiyom da ƙarfe da sinadarin fosfet. Wannan batir bai kai takwaransa mai kobalt da nikel riƙe caji ba, amma ya fi shi araha, ya fi jurewa, kuma bai cika kamawa da wuta ba. Shi ne ya sa farashin motocin ya sauko inda mai matsakaicin ƙarfi zai iya saye.

Shigowar Tesla da haɓakar kasuwa

Shekara da shekaru dokar ƙasar Sin ba ta yarda kamfanin motoci na waje ya mallaki fiye da rabin masana'anta ba. A shekara ta 2018 aka ɗage wannan sharaɗi ga masu ƙera motocin lantarki, kuma kamfanin Tesla na Amurka ne ya fara cin gajiya. An aza harsashin masana'antarsa ta Shanghai a watan Janairun 2019, kafin shekarar ta ƙare motoci sun fara fitowa.

Zuwan Tesla ya ɗaga darajar motar lantarki a idon masu saye, ya ƙarfafa ƙananan kamfanonin da ke samar da kayayyakin haɗa mota, ya kuma zaburar da sababbin kamfanonin cikin gida irin su Nio da Xpeng da Li Auto. A ɗaya ɓangaren kuma, a shekara ta 2020 aka fito da wata 'yar ƙaramar mota mai suna Wuling Mini, wadda farashinta ya fara daga yuan 28,800, wato dala dubu huɗu da 'yan kai, ta kuma samu karɓuwa a ƙananan garuruwa.

Alƙaluman ƙungiyar masu ƙera motoci ta ƙasar, waɗanda suka haɗa da motocin da ake fitarwa waje, sun nuna an sayar da kimanin miliyan 1.4 a shekara ta 2020, miliyan 3.5 a 2021, miliyan 6.9 a 2022, miliyan 9.5 a 2023, sannan kusan miliyan 13 a 2024. Gwamnati ta yi burin motocin su kai kashi 20 cikin 100 na kasuwa a shekara ta 2025, sai ga shi an wuce haka tun a 2022. A watan Yulin 2024, a karon farko, motocin da aka saya masu sabon makamashi sun zarce na fetur yawa.

A shekara ta 2025 BYD ya sayar da motoci masu batir zalla fiye da miliyan 2.2, ya sha gaban Tesla wanda ya sayar da kimanin miliyan 1.6.

Matsaloli a cikin gida

Wannan bunƙasa ba ta zo haka siddan ba. Larduna da birane sun yi ta rige-rigen kafa masana'antu, har ƙarfin ƙera motoci ya zarce abin da kasuwa za ta iya sha.

A farkon shekara ta 2023 Tesla ya karya farashi, sauran kamfanoni suka bi sahu, aka shiga gasar da ta cinye ribar da yawa daga cikinsu. Kamfanin WM Motor ya durƙushe a wannan shekara, wasu ma suka biyo bayansa, aka bar waɗanda suka sayi motocinsu cikin neman kayan gyara. A shekara ta 2025 gwamnati ta fito fili ta yi kashedi game da wannan gasa, manyan kamfanoni kuma suka yi alkawarin biyan masu kawo musu kaya cikin kwana 60.

Haka nan akwai batun muhalli. Motar lantarki ba ta fitar da hayaƙi a kan titi, amma a shekara ta 2024 fiye da rabin wutar da ƙasar ta samar daga ƙona kwal aka same ta. Amfanin motar ga yanayi ya danganta ne da yadda za a ci gaba da maye gurbin kwal da hasken rana da iska da ruwa.

Taƙaddama da ƙasashen yamma

Da kasuwar gida ta cika, sai kamfanonin suka juya ga ƙetare. A shekara ta 2023 ƙasar Sin ta karɓe kambun fitar da motoci waje daga hannun Japan.

Amurka da Tarayyar Turai sun zargi Beijing da ba kamfanoninta tallafin da ya saɓa wa ƙa'idar ciniki, suna masu fargabar ma'aikatansu za su rasa aikin yi. A shekara ta 2024 Amurka ta ɗaga kuɗin fito a kan motocin lantarki na Sin zuwa kashi 100 cikin 100. A watan Oktoban shekarar Tarayyar Turai ta ƙara nata harajin, wanda ya kai kashi 17 a kan BYD da kashi 35.3 a kan kamfanin SAIC, ban da kashi 10 da ake biya tun da farko.

Ƙasar Sin ta musanta zargin, tana mai cewa ƙwarewa da gasa ne suka kai kamfanoninta ga wannan matsayi. Su kuwa kamfanonin sun shiga kafa masana'antu a waje domin kauce wa harajin. BYD ya buɗe tasa a Tailan a shekara ta 2024, sannan a Birazil a 2025.

Abin da ya shafi nahiyar Afirka

Kimanin kashi 70 cikin 100 na kobalt ɗin duniya daga Jamhuriyar Dimokuraɗiyyar Kwango ake haƙo shi, kuma kamfanin CMOC na Sin ya sayi babbar mahaƙar Tenke Fungurume a shekara ta 2016. Kamfanonin ƙasar sun kuma sayi mahaƙun litiyom a Zimbabuwe da Mali. A Najeriya, a watan Mayun 2024 aka ƙaddamar da wata masana'antar sarrafa litiyom da wani kamfanin Sin ya gina a jihar Nasarawa.

Muhawarar da ake yi a waɗannan ƙasashe ita ce ko za su ci gaba da fitar da ɗanyen ma'adini ne, ko kuwa za su dage a riƙa sarrafa shi a cikin gida. Zimbabuwe ta haramta fitar da ɗanyen litiyom a ƙarshen shekara ta 2022.

A fannin kasuwa kuma, ƙasar Habasha, wadda ke da arhar wutar lantarki daga madatsun ruwa amma take kashe maƙudan kuɗaɗen waje wajen sayen mai, ta hana shigo da ƙananan motoci masu amfani da fetur a shekara ta 2024.

Ga ƙasashe masu dogaro da sayar da ɗanyen mai, irin su Najeriya da Angola da Chadi, lamarin na da wata fuskar dabam. Hukumar Makamashi ta Duniya ta ce a shekara ta 2024 motocin lantarki sun rage buƙatar mai da fiye da ganga miliyan ɗaya a kowace rana, ta kuma yi hasashen adadin zai haura ganga miliyan biyar ya zuwa shekara ta 2030. Kaso mafi tsoka na wannan ragi daga ƙasar Sin zai fito, wato ƙasar da ta fi kowace sayen ɗanyen mai a kasuwar duniya.