3.2 Aleksander Hertz da Kafuwar Sana'ar Fim a Ƙasar Foland

A wannan sashe za a yi ƙoƙarin duba rawar da Aleksander Hertz ya taka wajen kafa sana'ar fim a Foland. An haife shi a birnin Warso a shekarar 1879. A wancan lokaci babu ƙasar Foland mai cin gashin kanta, domin Rasha da Jamus da Ostiriya sun raba ta a tsakaninsu, Warso kuma tana hannun Rasha. Saboda haka duk fim ɗin da za a nuna sai ya bi ta hannun masu tacewa na sarkin Rasha.

A shekarar 1909 ya kafa kamfanin Sfinks, wanda ya fara da rarraba finafinan waje, daga baya ya shiga shirya nasa. Abin da Hertz ya gane tun da wuri shi ne, 'yan kallo sun fi bin fuskar ɗan wasa a kan bin labari. Wannan ne ya sa ya fito da Pola Negri a fim ɗinta na farko a 1914, sannan shi da kansa ya ba da umarni a fim ɗin Bestia na 1917. Da sojojin Jamus suka kama Warso a 1915, sai kamfanin ya sami damar yin finafinai masu tona asirin mulkin Rasha.

To amma wannan dabara tana da nata rauni. Kasuwar Foland ƙarama ce, ba ta iya riƙe wanda ya yi suna. Negri ta koma Balin a 1917, daga nan ta wuce Amurka a 1922. Hertz bai karaya ba, sai ya ɗaga Jadwiga Smosarska, wadda ta zama tauraruwar kamfanin bayan samun 'yancin ƙasar a 1918. Ya rasu a 1928, kafin fim mai magana ya kankama a Foland.

Matsalar da mai nazari ke fuskanta ita ce, akasarin finafinan wannan zamani sun salwanta, Bestia na cikin 'yan kaɗan da suka tsira. Don haka wannan bincike yana ganin cewa bai dace a auna Hertz da gwanintar ba da umarni ba, tun da shaidar ta yi ƙaranci. Ma'aunin da ya fi adalci shi ne kamfanin da ya gina da 'yan wasan da ya raina, a ƙasar da ba ta da gwamnatin kanta balle ta tallafa masa.