Fuska da jiki: Fujioka Hiroshi da haɗarin 1971

A cikin wannan ƴar takarda muna son mu duba yadda haɗari guda ya sauya aikin ɗan wasa a finafinan talabijin na Japon da ake kira tokusatsu, wato waɗanda suka dogara da dabarun hoto da dodanni.

An haifi Fujioka Hiroshi a 1946. A watan Afrilu na 1971 kamfanin Toei ya fara nuna Kamen Rider, labarin da mai zane Ishinomori Shotaro ya ƙago. Fujioka ne ya fito a matsayin Hongo Takeshi, saurayin da ƙungiyar Shocker ta yi wa aiki a jiki don ta mai da shi makami, sai ya kuɓuce ya juya mata. Abin lura shi ne, da farko shi da kansa yake sanya kayan jarumin da abin rufe fuska, ya hau babur, ya yi faɗa. Fuska da jiki duka na mutum guda ne.

Wajen kashi na 10 ya faɗi da babur, ya karye a cinya. Aka cike kashi na 11 zuwa na 13 da tsofaffin hotunansa, wani ya ara masa murya. Mai shirya wasan, Hirayama Toru, ya ƙi a kashe Hongo. Sai aka ce ya bi Shocker zuwa Turai, aka kawo jarumi na biyu, Sasaki Takeshi, daga kashi na 14. Ana cewa Sasaki ba shi da takardar izinin tuƙa babur. Saboda haka maimakon iskar gudu ta rikiɗa shi, sai ya tsaya ya karkaɗa hannuwa ya ce "henshin", wato rikiɗa. Yaran Japon suka ɗauka, wasan ya yi kasuwa har kashi 98.

Da Fujioka ya dawo sosai a 1972, ya tarar aikin ya rabu biyu. Shi ke da fuska da murya. Jikin da ke cikin kayan kuwa na ƴan ƙungiyar Ono Kenyukai ne, irin su Nakayashiki Tetsuya. A ganinmu nan ne matsalar mai tarihi take: in mun ce Fujioka ya yi Kamen Rider, rabin wasan muke nufi, don duk faɗan da ya fi burge yara wani ne ya yi shi, sunansa kuwa can ƙasa a rubuce.

Bayan haka Fujioka ya fito a Nihon Chinbotsu a 1973, ya fito a matsayin ɗan sanda a Tokuso Saizensen tsakanin 1977 da 1987, ya kuma zama Segata Sanshiro a tallar Sega Saturn a 1997. Amma Hongo bai sake shi ba. A 2016, yana da shekara 70, ya sake ɗaukar sunan a fim ɗin Kamen Rider 1.