Ranar da jirgin Hitila ya zo ƙofar Ikko

Mai karatu, in ka taɓa kallon fim ɗin Das Boot na 1981, ka san jirgin nan na Jamus mai nutsewa ƙarƙashin teku: tsawonsa mita 67, mutum arba'in da 'yan kai cunkushe a ciki, ga wari ga zafi. A saman ruwa injin dizal ke jan sa, in ya nutse sai batir. To, wani irinsa mai suna U-69 ya zo har Ikko.

A watan Mayun 1941 kyaftin ɗinsa, Jost Metzler, ya lallaɓo ya dasa nakiyoyi a bakin tashar Ikko, ƙofar da gyaɗar Arewa ke bi zuwa Ingila. Ranar 4 ga Yuni ɗaya ta nutsar da Robert Hughes, jirgin da ke yashe tashar. Ta tudu ma ba lafiya ba: mutumin Illo a ƙasar Bagudo in ya tsallaka iyaka, ya faɗa Dahomey, Benin ta yau, wadda lokacin ke hannun Faransawan Vichy masu ɗasawa da Hitila.

U-69 bai ga ƙarshen yaƙin ba. A Fabrairun 1943 sojojin ruwan Ingila suka nutsar da shi a tekun Atlantika, ko mutum ɗaya bai tsira ba.