Tufa Mai Rai, Tufa Mai Haske: Waiwaye Kan Tarihin Turkuɗi

Gabatarwa

A 'yan shekarun nan ɗalibanmu sukan kawo mana ƙagaggun labarai masu cike da al'ajabi. Daga cikin abubuwan da suke ƙagowa har da wata irin tufa mai rai, wadda take numfashi a jikin mai ita, ta kuma haskaka masa hanya da dare. Ba mu ga laifin wannan ba, domin ƙage shi ne gishirin adabi. Sai dai mun lura galibinsu daga finafinan ƙetare suke aro hoton, alhali kuwa kakanninmu sun yi tufar da ta kusanci wannan mafarki. A wannan taƙaitaccen rubutu za mu waiwayi tarihinta.

Ran da ke cikin rijiyar rini

Rini sana'a ce mai daɗaɗɗen tarihi a ƙasar Hausa. Marinan Ƙofar Mata a Kano suna danganta kafuwar marinarsu da shekarar 1498. Marini yakan zuba baba da toka a rijiya, ya cika ta da ruwa, ya bar ta kwanaki tana ruɓa, yana tuƙawa. Kimiyya ta bayyana cewa launin baba ba ya narkewa a ruwa sai wasu ƙananan halittu da ido ba ya gani sun yi aiki a kansa. Ashe ke nan ruwan rijiyar rayayye ne: yana kumfa, yana ƙarfi, yana tsufa, yana kuma mutuwa idan aka yi sakaci da shi. Idan aka tsamo zane daga ciki yakan fito kore-kore, sai ya sha iska ya rikiɗe ya koma shuɗi a kan idon mai kallo.

Inda hasken yake fitowa

Daga marina sai wurin mabuga. A nan ake shimfiɗa rinannen zane a kan gungumen itace, a shafa masa garin shuni, a yi ta bugu har ya ɗauki sheƙi kamar gogaggen ƙarfe. Garin Kura, kudu da Kano, shi ya yi fice a wannan aiki, har rawaninsa ya sami sunan ɗan Kura. Turkuɗi ba ya haifar da haske da kansa, amma yakan kama hasken rana ko na wata ya mayar wa ido. Yakan kuma bar shuninsa a fatar mai sanye da shi, abin da ya sa Turawa suka laƙaba wa Buzaye, manyan masu sayensa, sunan shuɗɗan mutane.

Bajamushen nan Heinrich Barth, wanda aka sani da Abdulkarim, ya iso Kano a 1851. Ya rubuta cewa tufafin Kano suna kaiwa har Tarabulus da Timbuktu, ya kuma ƙiyasta cinikinsu a kan wuri miliyan 300 a shekara.

Rabon Lafiya

Garinmu na Lafiyan Barebari, wanda Muhammadu Dunama ya kafa sarautarsa, bai kasance ɗan kallo ba. Saƙar auduga da rini suna cikin sana'o'in gadon mazaunansa. A zamanin Sarki Muhammadu Agwai, daga 1881 zuwa 1903, kasuwar Lafiya ta shiga sahun manyan kasuwannin kwarin Binuwai, aka kuma buɗe hanyar fatauci zuwa Loko da ke bakin kogin. Duk ɗan Lafiya da ke neman tufa mai ban mamaki don labarinsa, ba ya bukatar tsallake teku.

Dusashewar haske

A 1897 kamfanin BASF na Jamus ya fara sayar da shunin da aka harhaɗa a masana'anta. Shi ba ya bukatar ruɓa, ba ya bukatar jiran kwanaki. Jirgin ƙasa ya isa Kano a 1911, yadin Turai mai araha ya ƙara kwararowa. Sannu a hankali rijiyoyi da yawa suka bushe, wasu aka cike su da shara, wasu aka yi gini a kansu. Abin ban sha'awa, a 2013 masana a Japan sun ba da rahoton samar da siliki mai walƙiya a ƙarƙashin wani haske na musamman, bayan sun sanya wa tsutsar siliki ƙwayoyin gadon wasu halittun teku. Wato wasu suna kusantar mafarkin, mu kuwa muna nisantar abin da muka gada.

Kammalawa

Asarar ba ta tsaya a kan sana'a ba, ta shafi harshe. Ɗalibai nawa ne a yau za su iya bambanta baba da shuni, ko su faɗi ma'anar karofi da katsi? Kalma takan bi sana'arta kabari, marubucin da ya rasa kalmomi kuwa dole ya yi aro. Masu iya magana sun ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Shawararmu ga ɗalibai ita ce, kafin su saƙa tufa mai haske a takarda, su nemi tsofaffin marina da masaƙa a Lafiya da kewaye, su zauna a gabansu, su rubuta abin da suka ji tun suna da sauran numfashi. Allah ya sa mu dace.