Sani Magori, ɗan Galmi da ya juya kyamara kan garinsu

An haifi Sani Elhadj Magori a shekarar 1971 a Galmi, cikin jihar Tawa. Duk wanda ya taɓa tashi daga Tasawa ko Mayahi zuwa Yamai ya ratsa wannan gari, tsakanin Madawa da Birnin Ƙonni, inda buhunan albasa ke jibge a bakin hanya. Magori bai faro da sinima ba. Aikin gona ya karanta a Aljeriya, ya fito injiniya, ya kuma taɓa aikin jarida. Daga baya ne ya tafi Jami'ar Gaston Berger ta Saint-Louis a Senegal, ya yi digiri na biyu kan fim na zahiri, wato irin fim ɗin da ba a tsara wasa a cikinsa, ana bin mutane ne cikin rayuwarsu yadda take. A can ya yi gajeren fim ɗinsa Notre pain capital, kan burodi da yadda yake zagayawa cikin birnin.

Fim ɗin da ya fito da sunansa shi ne Pour le meilleur et pour l'oignon, na shekarar 2008. Labarin wani manomin albasa ne a Galmi, wanda ɗiyarsa ta shekara biyu tana jiran aure. Dangin miji sun matsa, gari ya ɗauki surutu, sai uban ya yi alkawari cewa za a yi biki da an cire albasa. Daga nan mai kallo zai bi shi gona, ya ga ban ruwa, ya ga cinikin ƴan kasuwa, ya ga yadda farashin buhu ke iya ɗaga aure ko ya kwantar da shi. Ilimin noman Magori ya yi masa rana a nan: ya san abin da manomi ke tsoro, don haka ya san inda zai tsayar da kyamara. Fim ɗin ya samu kyautar AMAA ta fim na zahiri a 2009.

Na biyu ya fi taɓa zuciya. Koukan Kourcia, wato Kukan Kurciya, wanda ya fito a 2010, magana ce ta gidansu. Mahaifinsa ya tafi Abijan, ya daɗe bai komo ba, kamar maza da yawa na ƙasar Hausa. A shekarun 1970 akwai wata zabiya, Hussey, wadda waƙoƙinta ke zuga samari su fita neman arziki a ƙasashen gaɓar teku. Magori ya nemo ta, ta tsufa, ya roƙe ta ta bi shi har Abijan, ta yi wa mahaifinsa da sauran ƴan ci-rani waƙar da za ta kira su gida. Muryar da ta kore su ita ce aka sa ta maido su. A garuruwan da rabin samari ke watsewa da zarar an gama girbin hatsi, wannan fim ba ya buƙatar fassara, tun da da Hausa mutanen ke magana.

Bayan nasa finafinan, ya buɗe wa na baya hanya ta kamfaninsa, Maggia Images, wanda ya ari sunan fadamar Maggiya. Kamfanin na cikin waɗanda suka shirya L'arbre sans fruit na Aïcha Macky, ƴar Damagaram, kan halin da matan da ba su samu haihuwa ba ke ciki. Shi ma ya ci kyautar AMAA a 2016. Magori ya kuma riƙe shugabancin cibiyar sinima ta ƙasa, CNCN, a Yamai.