Mafarkin Kepler: Gadar Inuwa Da Mutanen Wata

Yau za mu ɗan jingine labarin da muke kawo muku, mu leƙa tarihin wani ƙaramin littafi da aka buga a shekarar 1634 da harshen Latin, mai suna Somnium, wato Mafarki. Marubucinsa shi ne Johannes Kepler, Bajamushen nan masanin taurari da ya gano cewa duniyoyi na kewaya rana a kan hanya mai siffar ƙwai.

A cikin littafin, Kepler ya ce barci ya ɗauke shi wata rana a 1608, sai ya yi mafarkin yana karanta labarin wani yaro ɗan tsibirin Aislan mai suna Duracotus. Uwar yaron, Fiolxhilde, tsohuwa ce mai haɗa saiwoyi da ganyaye tana sayar wa matuƙan jiragen ruwa, kuma tana hulɗa da aljanu. Bayan yaron ya yi shekara biyar yana koyon ilimin taurari a wurin Tycho Brahe, sai ya dawo gida, uwar ta kira masa wani aljani domin ya ba shi labarin ƙasar Levania, wato wata.

To, ta yaya ake zuwa can? A nan Kepler ya ƙago abin da babu shi a sama. Ya ce aljanun ba sa jure hasken rana, saboda haka sai an yi husufin wata, inuwar duniya ta miƙe ta taɓa wata, sannan su bi ta cikinta kamar gada. Tafiyar awa huɗu ce, kuma idan za su ɗauki mutum sai sun ba shi maganin barci, sun sa masa jiƙaƙƙen soso a hanci don ya samu numfashi.

Mazauna Levania kashi biyu ne. Akwai waɗanda ke gefen da ke fuskantar duniyarmu, akwai na baya waɗanda ba su taɓa ganin ta ba. Na gaban suna kiran duniyarmu Volva, ma'ana mai juyawa. Kullum tana rataye wuri guda a samansu, faɗinta ya kusa ninka na watanmu sau huɗu, tana cika tana raguwa, tana juyawa sau ɗaya a cikin awa 24. Da ita suke ƙirga lokaci, domin yininsu guda ya kai kimanin kwana 14 namu. Har siffofi suke gani a fuskarta kamar yadda muke gani a fuskar wata: Afirka kan mutum ce, Turai kuma budurwa mai doguwar riga, suna shirin sumbatar juna.

Mai karatu, dabarar ke nan. A zamanin, yawancin mutane sun ƙi yarda da maganar Copernicus cewa duniya na motsi, hujjarsu ita ce ba su ji tana motsi a ƙarƙashin ƙafarsu. Sai Kepler ya kai su wurin wasu halittu da su ma za su rantse cewa ƙasarsu a tsaye take, tamu ce ke juyawa a gaban idonsu. Wanda ya yi musu dariya, kansa ya yi wa.

Sai dai kash! Tun kafin a buga littafin, kwafin rubutun hannu ya fita daga hannunsa wajen 1611. Ga yaro almajirin Tycho Brahe, kamar Kepler, ga kuma uwa mai magani. Mahaifiyar Kepler, Katharina, ita ma tsohuwa ce mai haɗa magunguna a garin Leonberg. A 1615 wata mata mai suna Ursula Reinbold ta zarge ta da maita, tana cewa ta ba ta abin sha da ya sa mata ciwo. A watan Agusta na 1620 aka kama tsohuwar, aka ɗaure ta da sarƙa, ta yi wata 14 a tsare. Kepler ya bar aikinsa a Linz ya zo ya kare ta da kansa. An nuna mata kayan azabtarwa don ta amsa laifi, ta ƙi. Aka sake ta a 1621, ta rasu a 1622.

Rikicin ya samo asali ne daga gabar maƙwabta, amma Kepler ya yi imani cewa tsegumin da aka yi a kan labarinsa ya ƙara wa wutar mai. Don haka ya zauna ya rubuta bayanai 223, waɗanda tsawonsu ya ninka labarin kansa, yana fayyace abin da kowane aljani da kowace inuwa ke nufi a ilimin taurari. Bai ga fitowar littafin ba, domin ya rasu a 1630, ɗansa Ludwig ne ya fitar da shi.

A yau ana lissafa Somnium cikin labaran ƙagen kimiyya na farko. Mu kuwa masu karatun ƙagaggun labarai, da ke saurin cewa wance ce marubuci yake nufi, ya kamata mu tuna da Katharina da sarƙar da ke ƙafarta. Allah Ya sa mu dace.